Jarumtaka a Labaran Yara na Hausa

Jarumtaka a labaran yara na Hausa jigo ne da ke fitowa a tatsuniyoyi da labaran tarihi da ƙissoshin addini da littattafan makaranta waɗanda ake ba yara ko ake karanta musu a ƙasar Hausa. Labaran sun kasu gida biyu manya. Akwai na mazan jiya, irin su Bayajidda da Sarauniya Amina, waɗanda ake dangantawa da garuruwa da zamunna sanannu. Akwai kuma na ƙirƙira, inda jarumin yakan kasance auta ko maraya ko 'yar bora, wato wanda ba a sa ran zai iya komai. A rukunin farko ana auna jarumi da takobinsa da yawan garuruwan da ya ci. A rukuni na biyu kuwa haƙuri da dabara da iya tsayawa a gaban abin tsoro su ne ma'auni. Rukunan biyu sun daɗe suna aron zubi daga juna, shi ya sa raba tarihi da tatsuniya a cikinsu yake buƙatar lura.

Kalmomi

Kalmar jarumtaka ta samo asali ne daga jarumi, wadda tamacenta jaruma ce, jam'inta kuma jarumai. An liƙa mata ɗafa-ƙeyar -taka, irin wadda ake samu a abokantaka da 'yan'uwantaka. Ana kuma cewa jarumta, wasu kuma su furta jaruntaka, saboda nason da ke mayar da "m" zuwa "n" idan ta zo kafin "t".

Akwai wasu kalmomin da ma'anarsu ta yi kusa da wannan. Sadauki da barde sun fi shafar fagen fama, kuma Barde da Jarma sarautu ne a masarautu da dama. Gwarzo shi ne wanda ya yi fice ya gagara. Bajinta aikin da aka yi ne na ban mamaki. Ƙarfin hali da ƙarfin zuciya kuwa sun shafi jure wahala ko danne tsoro, ba lallai sai da makami ba. Kalmar mazantaka tana nuna yadda harshen ya jingina jarumta ga maza, har ma idan mace ta yi abin a zo a gani akan ce ta yi namijin ƙoƙari. A Hausar yau ma'anar jarumi ta ƙara faɗi, domin ana kiran 'yan wasan fim jarumai.

Kishiyoyin jarumi su ne matsoraci da rago. Sai dai Hausa ta ware wa wanda ya wuce gona da iri nasa kalmomin, wato ganganci da wauta da taurin kai. Karin magana na cewa "faɗan da ya fi ƙarfinka, mai da shi wasa", haka kuma "in ka ga ƙi-gudu, sa-gudu ne bai zo ba". Wannan iyaka tsakanin jarumta da ganganci tana cikin abubuwan da labaran yara suka fi komawa kansu.

Masu bayarwa da lokacin bayarwa

A al'adance da dare ake yin tatsuniya, bayan an ci tuwo, musamman lokacin farin wata da kuma bayan kaka, sa'adda aikin gona ya ragu. Tsofaffin mata da amare su ne suka fi yi wa yara, a tsakar gida ko a ɗakin amarya. Mai bayarwa takan buɗe da "ga ta nan, ga ta nanku", yara su amsa da "ta zo mu ji ta", a ƙarshe a rufe da "ƙurunƙus". Akan hana yara yin tatsuniya da rana, a ce musu mai yi zai ɓata.

Labaran yaƙi da na sarakuna kuwa sun fi fitowa daga bakin maza, a zaure ko a dandali, da kuma bakin maroƙa da makaɗan fada. Ba a buɗe su da waccan mabuɗin, domin mai bayarwa yana ɗaukarsu a matsayin abin da ya faru. Masu nazarin adabin baka suna kiran labarin da ke tsakanin tarihi da ƙirƙira da suna tarihihi: mutumin ko garin na gaske ne, amma an yi wa labarin ƙarin gishiri a tsawon zamani.

Jarumin tatsuniya

Jarumin tatsuniya ba kasafai yake zama ƙaƙƙarfa ba. Ƙarfi a tatsuniya na Dodo ne da Zaki da Giwa, kuma galibi su ne ake kayarwa.

*Ɗan Auta.* A wannan tatsuniya iyaye sun rasu sun bar yarinya da ƙanenta, tare da wasiyyar kada ta bar shi ya yi kuka. Saboda haka duk ɓarnar da ya so sai ta ƙyale shi. Ya ƙone musu rumbu, ya tsokane wa ɗan sarki ido, har ma ya cuci babban tsuntsun da ya cece su. Daga bisani suka sauka a gidan wata tsohuwa, a garin da Dodo ke shigowa kowane dare, mutane na kulle ƙofofi. Auta ya ƙi ɓuya. Ya gasa duwatsu a wuta, ya riƙa amsa wa Dodo kirarinsa, da Dodo ya matso ya jefa masa su a baki. Ya yanke wutsiyarsa, ya bar takalminsa a wurin, kuma da takalmin ne sarki ya gano wanda ya yi aikin. Abin lura shi ne, rashin tsoron da ya jawo wa yayarsa asara a farkon labari shi ne ya ceci gari a ƙarshe. Tatsuniyar ba ta yabi ɓarnarsa ba, amma ta nuna cewa hali ɗaya yakan zama ganganci ko jarumta gwargwadon inda aka sa shi.

*Ruwan Bagaja.* A nan 'yar mowa ce ta ɓata shimfiɗa, aka ɗora wa 'yar bora laifin, aka tura ta wanke kirgi a wani ruwa mai nisa da ake kira Bagaja. Ta tafi ita kaɗai. Ta wuce kogunan abinci iri-iri ba ta taɓa ba, ta iske Cinya da Kare a wata bukka suna zaune kamar mutane, ta gaishe su da ladabi ba tare da ta yi musu dariya ba, ta kuma bi duk abin da suka umarce ta. Ta komo gida da dukiya. Da 'yar mowa ta bi sahu cikin kwaɗayi da rashin kunya, sai ta komo da abin kunya. Yarinyar ba ta yi faɗa da kowa ba. Jarumtarta ita ce shiga daji ita kaɗai, da danne yunwa, da riƙe hankalinta a gaban abin da ya saɓa wa al'ada. Irin wannan zubi ne a tatsuniyar Daskin-da-Riɗi, inda wadda aka raina ce kaɗai ta tsaya ta cuɗa wa tsohuwa baya, ta samu sunan da sauran 'yan mata suka kasa sani.

*Gizo.* Gizo, mijin Ƙoƙi, ba jarumi ba ne. Makwaɗaici ne, maƙaryaci, mai tsamin baki, kuma yakan ruga da zarar abu ya ɓaci. Duk da haka yara na son sa, domin shi ne ƙaramin da ke juya manya. A wata tatsuniya ya ba Giwa bakin igiya, ya ba Dorina ɗaya bakin, kowace tana ja tana zaton da Gizo take ja. Labaransa suna koya wa yaro cewa mai ƙarfi ma yana da inda ake kama shi, amma sau da yawa Gizo kan ƙare da kunya, don kada a ɗauki wayo a matsayin halin kirki.

Jaruman tarihi

*Bayajidda.* Labarin ya ce ɗan sarkin Bagadaza ne da ya zo Borno, ya auri 'yar Mai, daga baya ya gudu yamma. Ya bar matarsa a Garun Gabas, maƙeran Gaya suka ƙera masa wuƙa, ya iso Daura da dare ya sauka a gidan wata tsohuwa mai suna Ayana. Da ya nemi ruwa aka ce masa macijiyar da ke rijiyar Kusugu ba ta barin a ɗiba sai ranar Juma'a. Ya je ya kashe ta, ya tafi da kanta, a wasu ruwayoyin kuma ya bar takalminsa a bakin rijiya. Waɗansu suka yi ƙaryar su ne suka kashe, sai kan macijiyar ya tona su. Ya auri Sarauniya Daurama, suka haifi Bawo, wanda 'ya'yansa shida tare da ɗan da aka haifa a Garun Gabas suka zama tushen Hausa Bakwai: Daura, Kano, Katsina, Zazzau, Gobir, Rano da Biram. Rijiyar Kusugu tana nan a Daura, ana ziyartarta.

Idan aka jera wannan labari da na Ɗan Auta za a ga zubinsu ɗaya ne: baƙo ya sauka wurin tsohuwa, gari na cikin ƙangin wata dabba, ya kashe ta da dare, ya bar alama, mai mulki ya neme shi ya saka masa. Masana tarihi sun sha bamban a kan Bayajidda. Wasu na danganta sunan da Abu Yazid, wanda ya yi wa daular Faɗimiyya tawaye a Arewacin Afirka ya rasu a shekarar 947. Wasu kuma na ganin labari ne da aka tsara don bayyana dangantakar masarautun, tun da Hausawa na zaune a ƙasarsu kafin lokacin da ake cewa ya zo.

*Sarauniya Amina.* Amina 'yar Bakwa Turunku ita ce macen da ta fi shahara a labaran yaƙi na Hausa. Tarihin Kano ya ambace ta a zamanin Sarkin Kano Dauda, wanda ya yi mulki daga 1421 zuwa 1438, amma masana da yawa suna sa ta a ƙarni na 16. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya yi maganarta a littafinsa Infaƙul Maisuri, inda ya danganta ta da cin ƙasashe har zuwa kudu. Ana cewa ta shekara 34 tana yaƙi, ta rasu a Atagara, kuma akan kira tsofaffin ganuwoyi da dama da sunan ganuwar Amina. Labaran da ake ba yara sukan fara ne daga ƙuruciyarta, yadda ta fi son zaman fada da riƙon makami, kuma wannan ɓangare daga bakin mutane ya fito. An sa sunanta ga wata kwalejin 'yan mata a Kaduna da ɗakin kwanan ɗalibai mata a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya.

*Sauran jarumai.* Tarihin Kano ya kawo Barbushe na Dutsen Dala, wanda aka ce yana kashe giwa da sanda ya ɗauko ta. A Kabi ana ba da labarin Kanta, wanda ya ɓalle daga Songhai a ƙarni na 16 ya zauna a Surame. Zamanin zuwan Turawa ya bar nasa jaruman. Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya ya ƙi miƙa wuya bayan Ingilishi sun ci Sakkwato, ya yi hijira gabas, aka kashe shi a Burmi a watan Yulin 1903. A Nijar kuwa Sarauniya Mangu ta Lugu ta tari rundunar Faransa ta Voulet da Chanoine a shekarar 1899. Abdoulaye Mamani ya rubuta ƙagaggen labari a kanta a 1980, Med Hondo ya mayar da shi fim a 1986.

Ƙissoshin addini

A makarantun allo da na Islamiyya yara na jin wani nau'in jarumtar, wadda ke tattare da imani. Akwai Annabi Ibrahim, wanda ya karya gumakan mutanensa yana matashi aka jefa shi wuta, da Annabi Dawuda wanda ya kashe Jaluta, da samarin As'habul Kahfi da suka bar garinsu don tsira da addininsu. A tarihin Hijira ta shekarar 622 ana ambaton Sayyidina Ali, wanda ya kwanta a shimfiɗar Manzon Allah (SAW) a daren da aka kewaye gidan, da Asma'u 'yar Abubakar wadda ta kai musu guzuri. Ana kuma ba da labarin Bilal da juriyarsa a kan azaba. Ba a kiran waɗannan tatsuniya, ana ce musu ƙissa, kuma mai bayarwa ba shi da 'yancin ƙari ko ragi yadda yake da shi a labarin Gizo.

Daga baka zuwa takarda

J. F. Schön ya buga Magana Hausa a 1885, kuma da yawan abin da ke ciki daga bakin Dorugu ya fito, wani yaro Bahaushe da aka kama bauta, aka 'yanta shi, ya bi Heinrich Barth har Ingila. Frank Edgar ya fitar da Litafi na Tatsuniyoyi na Hausa a juzu'i uku tsakanin 1911 da 1913. A 1913 ne kuma R. S. Rattray ya buga tatsuniyoyin da Malam Shaihu ya rubuta masa a ƙasar da ake kira Gana a yau. Waɗannan littattafai an yi su ne don Turawa masu koyon Hausa da masu bincike.

Littattafan da suka shiga hannun 'yan makaranta sun biyo bayan gasar da Rupert East ya shirya a Zariya a shekarar 1933. A cikinsu akwai Gandoki na Bello Kagara, wanda ya fara da yaƙe-yaƙen gaske na zuwan Turawa sannan ya kai jaruminsa da ɗansa Garba Gagare ƙasar aljannu, wato tarihi da ƙirƙira a littafi ɗaya. Akwai Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, labarin yaron da aka sace da mahaifiyarsa wadda ta tsallaka Hamada tana nemansa. Akwai kuma Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, wanda ya ari sunansa daga waccan tatsuniya.

Magana Jari Ce, da Imam ya fitar a juzu'i uku tsakanin 1937 da 1939, ya ɗauki wata hanyar. A littafi na farko Sarki Abdurrahman ya fita yaƙi ya bar ɗansa Musa a gida. Musa na ɗokin bin sahu, Waziri na ƙulla masa makirci, sai aku ya riƙa tsayar da shi da labarai har haɗarin ya wuce. Abin da ya ceci ɗan sarki a nan shi ne zama da saurare.

Daga baya Ahmadu Ingawa ya rubuta Iliya Ɗan Maiƙarfi, wanda ya ɗauko daga labarin Iliya Muromets na Rasha: gurgun da ya tashi ya zama sadaukin Sarki Waldima na birnin Kib. Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya a 1969, inda yaro mai suna Kilba ya yi tafiya sararin samaniya tare da Kolin Koliyo. Ibrahim Yaro Yahaya kuma ya tattara Tatsuniyoyi da Wasanni a littattafai shida don makarantun firamare.

A wasa da rayuwar yau da kullum

Yara ba su tsaya ga saurare ba, sukan kwaikwayi abin da suka ji. Yaro yakan hau dokin kara, ya riƙe takobin kara ko baka, a raba runduna biyu a kara. Langa da kokawar yara a dandali suna gwada juriya, tashe a watan azumi kuma yana ba su damar shiga siffar wasu mutane su tsaya a gaban manya. A gida iyaye kan tsorata yaro da Dodo don ya bar kuka ko yawon dare, tatsuniya kuma ta nuna masa yaro kamarsa ya kashe Dodon. Haka kuma da kalmar jarumi ake lallashin yaro wajen abubuwan da suka fi kusa da shi: fita tsakar gida cikin duhu, allura a asibiti, kaciya, ranar farko a makaranta, ko faɗin gaskiya bayan ya yi ɓarna.

Makamantansu a wasu ƙasashe

Jarumin da aka raina tun yana ƙarami ba na Hausa kaɗai ba ne. Labarin Sunjata, wanda ya kafa daular Mali a ƙarni na 13, ya fara ne da yaron da ya daɗe bai iya tafiya ba. Ananse na Akan a Gana gizo-gizo ne mai wayo kamar Gizo. Mossi na Burkina Faso suna da Yennenga, Sinawa kuma suna da Mulan, mata mayaƙa da akan kwatanta da Amina.

Nazari da muhawara

A lacca da ya buga a 1974 mai suna Mutumin Kirki, A. H. M. Kirk-Greene ya lissafa halaye goma da Hausawa ke auna mutum da su: gaskiya, amana, karamci, haƙuri, hankali, kunya, ladabi, mutunci, hikima da adalci. Jarumta ba ta cikin jerin. Wannan ya yi daidai da abin da ke cikin tatsuniyoyi, inda rashin tsoro ba ya samun lada sai ya haɗu da ɗaya daga cikin waɗannan halaye.

Akwai batutuwa uku da ake yawan tattaunawa. Na farko shi ne koyar da tarihihi a aji kamar tabbataccen tarihi, musamman labarin Bayajidda, wanda ɗalibi kan tashi da shi a matsayin asalin Hausawa baki ɗaya. Na biyu shi ne rabon jinsi: a tatsuniya yarinya takan ci nasara da haƙuri da biyayya, yaro kuma da faɗa, ko da yake Amina da Mangu da mahaifiyar Shaihu Umar sun saɓa wa wannan tsari. Na uku shi ne abin da labaran yaƙi ke tsallakewa, domin garin da jarumi ya ci shi ma yana da nasa labarin na bayi da ƙaura.

Zaman tatsuniya na dare ya ragu, musamman a birane, inda talabijin da wayar hannu suka ɗauke lokacin. Labaran sun koma rediyo da littattafan makaranta da zane mai motsi a intanet. Abin da ba ya bin su can shi ne amshin yara da tambayoyinsu, da yadda mai bayarwa ke rage ko ƙara abin tsoro gwargwadon shekarun waɗanda ke zaune a gabanta.

Duba kuma

Tatsuniya
Adabin baka
Bayajidda
Sarauniya Amina
Abubakar Imam
Gizo